Kwaɓin da Na Buga

Wata takwas ina ɗaga Baba ina kwantar da shi. Ni ke yi masa wanka, ni ke yi masa aski, ni ke juya shi kada bayansa ya yi gyambo. Tun ranar da hawan jini ya kayar da shi a shagon kafinta, ɓarin jikinsa na hagu ya shanye, babu wanda ya zauna da shi sai ni. Inna ta rasu shekara biyu kafin nan. Yaya tana gidan mijinta da 'yan biyunta, can bayan gada. Ni kuwa na gama sakandare, sakamako ya fito ba yabo ba fallasa, aiki babu. Sai aka ce ai ga Auta nan a zaune.

Na karɓa. Ubana ne.

Bakinsa ya karkace, maganarsa ta koma gurnani. Ni kaɗai nake gane ta. In baƙo ya zo dubiya, Baba zai yi magana, baƙon ya juyo ya kalle ni, ni kuma in fassara. Wannan kam ina jin daɗinsa, ba zan ɓoye ba.

A wata na bakwai ya fara ƙin abinci. Shinkafa ta yi masa tsauri, nama ba a magana, dankalin da na murƙushe ya ture da hannun dama. Shayi da ayaba kawai yake karɓa, su ma sai da lallashi. Likita ta ɗora shi a sikeli, ta duba kati, ta cire tabarau.

“Wa ke kula da shi?”

“Ni.”

“To, ka ƙara ƙoƙari. Nan da sati uku in ya sake raguwa, sai mu kwantar da shi mu sa masa roba ta hanci.”

Ka ƙara ƙoƙari. Na haɗiye.

Da muka dawo gida na tambaye shi me yake marmari. Ya daɗe yana kallon silin. Can ya ce, “Na Innarku.”

Na san abin da yake nufi. Curin ƙwai ne. Inna takan fasa ƙwai a fulawa, ta kwaɓa, ta riƙa ɗiba da cokali tana sakewa cikin romon kaza. Su kumbura su taso sama, farare, in ka sa a baki kafin ka tauna sun narke. Na ci sau ɗari. Ban taɓa tsayawa na ga yadda take yi ba.

Na shiga kicin. Ƙwai, fulawa, gishiri, madara. Me ya rage? Na kwaɓa, na buga shi sosai har ya yi sumul, ko gudaji ɗaya babu, don ni ba na son aikin ha'inci. Na jefa a romo. Da suka fito na tauna ɗaya, na ji kamar robar goge rubutu. Baba ya karɓi cokali guda, ya juya shi a baki, ya dawo min da shi a tafin hannu.

Sau huɗu ina yi a satin nan. Duk lokacin sai in ƙara bugu, ina zaton nan matsalar take.

Ran Lahadi Yaya ta zo da mijinta. Mai haɗa wutar lantarki ne, kowa Injiniya yake ce masa, har matarsa in tana son tsokana. Dogo, mai dariya da ƙarfi, kullum da sukundireba a aljihun gaba kamar biro. Irin mutanen nan da in sun shigo ɗaki sai ɗakin ya yi maka kaɗan. Ban tsane shi ba a lokacin. Ban dai taɓa jin ina kewarsa ba.

Ya leƙa tukunyata ya ɗauki curi ɗaya ya matsa da yatsa.

“Auta, wannan na ci ne ko na harbin tsuntsu?”

Yaya ta yi dariya har da riƙe ƙofa.

“Curin Inna kake so ka yi?” ya ce. “Ai da ka yi magana. Na iya.”

“Ina ka iya?”

“Ita ta koya min. Lokacin da nake zarya gidan nan wajen Yayarka. Na zo gyara makunnin kicin ɗin nan, ta ce ba zan tafi da yunwa ba, ta miƙo min cokali ta ce in ina son 'yarta in fara da wannan.”

Na tuna lokacin. Ina ɗakin da ke jikin kicin, ina haddace sunayen ƙasusuwan jiki don jarrabawa. Ina jin dariyarsu ta bango. Ba ta taɓa kirana ba. Ni da ta haifa.

“Zo ka gani,” ya ce yana naɗe hannun riga. “Minti goma ne.”

“Ina da wanki.”

Ba ni da wanki. Na fita baranda na jiƙa zanin gado mai tsabta, ina dirza ina jin ƙarar cokali da fitonsa. Har fito yake yi.

Ya kawo kwanon da kansa. Ya zauna a kujerata, ta gefen dama, ya hura cokali ya kai. Baba ya karɓa. Bai tauna ba ma. Ya rufe ido, ya buɗe baki ya nemi na biyu. Na tsaya a bakin ƙofa da kumfa a hannu ina ƙirgawa. Bakwai ya ci, ya shanye romon. Hawaye na bin gefen da ya shanye.

Ya yi magana. Duk suka juyo gare ni.

“Me ya ce?” in ji Yaya.

“Ya ce a ƙaro.”

Ya sake magana, mai tsawo.

“Yanzu fa?”

Na kalli ƙasa. “Ya ce Allah ya yi wa ɗansa albarka.”

“Amin, Baba, amin,” Injiniya ya ce, ya dafa ƙirji.

Da bakina na faɗa. Wata takwas ina zubar da fo, ban taɓa fassara wa kaina irin wannan ba, don ba a faɗa ba.

Daga nan Injiniya ya riƙa biyowa da rana, Talata da Alhamis, da ƙurar siminti a gashi. Ya yi curinsa, Baba ya ci, ya tafi. Sauran ranakun shayi da ayaba. Baba ya koyi ƙarar motarsa. Da ya ji ta tsaya a ƙasa sai ya fara gyara wuyan riga da hannu ɗaya, ya ce in goge masa baki. In goge masa baki don wani.

Ran Juma'a Yaya ta kira ni a waya.

“Auta, mun yi magana da Baban 'yan biyu. Zaryar nan tana ci masa aiki. Tunda daga hannunsa kawai Baba yake ci, gara ya dawo wajenmu. Akwai ɗakin da muke ajiye kaya.”

“Ɗakin kaya.”

“Za a gyara mana. Kai ma ka huta, ka nemi abin yi.”

“Wa zai ɗaga shi? Wa zai ji maganarsa?”

“Za mu koya. Kai ma ai koya ka yi.” Ta sassauta murya. “Ba don ka gaza ba ne. Jibi za mu zo, in ya sake ci kamar kullum, sai mu tsayar da magana.”

Na ajiye wayar. Na shiga na tarar Baba yana barci, bakinsa a buɗe. Na gyara masa matashi. A ɗakin nan aka haife ni. Benci da kabad da gadon duk shi ya ƙera. Za su ɗauke shi su kai shi tsakanin tsohuwar firji da kwalayen waya, saboda ƙwai biyu da fulawa.

Lahadi suka iso kafin azahar. 'Yan biyu suka cika gidan da gudu, Yaya ta wuce ɗakin Baba tana share-share da ba a sa ta ba. Na riga na dafa romon. Ina yanka albasa Injiniya ya shigo kicin, ya tura ƙofar da ƙafa.

“Yau kam ba ka da wanki. Tsaya.”

Na tsaya, don wuƙa na hannuna kuma babu hanyar fita.

Ya fasa ƙwai biyu a kwanon silba, su ne suka rage a gidan. Ya kaɗa su da gishiri da madara rabin kofi. Ya zuba fulawa kofi ɗaya da ɗan bekin foda a kan cokalin shayi. Ya juya a hankali, kamar mai tsoron kada ya tashe shi daga barci. Sau takwas ko tara. Ya tsaya. Kwaɓin duk gudaji, wani wajen ma ana ganin farin gari.

“Bai haɗu ba,” na ce.

“Ya haɗu. Nan kake kuskure, ƙanina. Kai dukansa kake yi kamar ya zage ka. Fulawa in ka buge ta sai ta yi danƙo, ta ɗaure. Da garin ya jiƙe, ka cire hannunka. Munin nan shi ne taushin.” Ya kife faranti a kai. “Ya ɗan huta. Sannan romo ya zama yana motsi kaɗan-kaɗan, ba tafasar hauka ba. Ka tsoma cokali a romon tukuna don kada ya manne. Ka rufe, minti goma, ko gobara ake kada ka buɗe. Shi ke nan. Inna cewa take—”

Wayarsa ta yi ƙara. Wani ne da mitarsa ke hayaƙi. Ya fita baranda yana cewa, “Kashe babban makunnin tukuna! A'a, na jikin bango, mai jan kai!”

Aka bar ni, ni da kwanon.

Shi ke nan, in ji shi. Sati guda ina ɓata ƙwai, ashe cire hannu ne kawai. Ya faɗa min kyauta, yana murmushi. Da na so, gobe in yi nawa, Baba ya ci, magana ta mutu. Na san haka. A tsaye nake na san haka. Amma gobe daban, yau daban. Yau zai sake zama a kujerata, a sake cewa ɗana, in sake fassarawa, Yaya ta ce to an gama.

Kuma ya ce Inna cewa take. Me take cewa? Shi ya sani, ni ban sani ba.

Na ɗaga farantin. Na ɗauki cokalin. Na buga. Na riƙe kwanon a ƙirji don kada ya yi ƙara, na yi ta bugu har kafaɗata ta amsa, har kwaɓin ya yi sheƙi yana bin cokali kamar ƙaro. Na share bakin kwanon da yatsa, na mayar da farantin. Na koma kan albasa.

Ya dawo yana girgiza kai. “Mutum ya haɗa injin walda da wayar fanka, ya ce mita ce ba ta da kyau.” Ya rage wuta, ya tsoma cokali a romo, ya buɗe kwanon. Ya ɗebo. Kwaɓin ya miƙe, ya ƙi sakin cokalin.

Ya daɗe yana kallonsa. Bai kalle ni ba.

“Akwai sauran ƙwai?”

“Ya ƙare.”

Daga ɗaki Yaya ta ɗaga murya. “Baban 'yan biyu! Baba fa yana ta kallon ƙofa. Sai an shuka alkamar tukuna?”

“Ga shi nan, ranki ya daɗe.”

Ya riƙa yankowa ƙanana-ƙanana da gefen cokali yana sakewa. Ya rufe. Minti goman nan babu fito.

Baba ya buɗe baki tun cokalin bai iso ba. Ya karɓa. Na ga fuskarsa ta canja. Ya tauna, ya sake taunawa da gefe ɗaya, bai so ya mayar wa surukinsa. Sai ya yi ƙoƙarin haɗiyewa.

Bai wuce ba.

Tari ya fara, sannan tarin ya ɗauke. Idonsa ya firfito, hannun dama yana dukan katifa. Yaya ta yi ihu tana salati, 'yan biyu suka fashe da kuka, Injiniya ya miƙe da kwano a hannu yana neman ruwa.

“Kada ka ba shi ruwa! Matsa!”

Na ture shi. Na ɗago Baba, na sunkuyar da shi kan hannuna, na daki tsakanin kafaɗunsa da tafin hannu kamar yadda nas ta nuna min. Ɗaya. Biyu. A na huɗu abin ya faɗo kan zani, ɗan dunƙule fari, da sawun haƙori a jiki. Baba ya ja numfashi mai ƙara. Ya jingina da ƙirjina, jikinsa duk rawa.

Da ya natsu ya kalli abin da ke kan zanin. Ya ɗago ya kalle ni. Wannan taurin ya san shi, sau huɗu yana dawo min da shi a tafin hannu. Ya yi magana, kalma biyu.

Kai ne.

“Me ya ce?” Yaya ta tambaya tana share hawaye.

“Ya ce a kwantar da shi.”

Na kwantar da shi. Ya juya fuska bango.

A falo Yaya ta sauke fushinta kan mijinta. Wane irin abu ya dafa? Hankalinsa na kan waya ko kan tukunya? Ya tsaya da hannu a aljihu ya ce, “Gaggawa na yi. Laifina ne.”

“Da a gidanmu ne fa, kana wajen aiki, ni kaɗai? Wallahi da sai dai wani labarin.” Ta juyo gare ni, ta kama hannuna biyu. “Auta, ka yafe ni. Baba yana nan wajenka. Ban san abin da kake yi ya kai haka ba.”

Abin da nake so ke nan. Na samu. Na ce ba komai.

Ina wanke tukunya Injiniya ya shigo ɗaukar makullinsa. Ya tsaya a bayana.

“Tun a cokali na gani,” ya ce a hankali. “Da na ce ba za a dafa ba, Yayarka za ta tambayi dalili. Na ce in na yi ƙanana zai wuce. Nan ne nawa laifin. Naka kai ka san shi.”

Ban juyo ba. Na so ya zage ni. Ko a nan ma ya fi ni.

Litinin Baba ya sha magani da ruwa. Shayi ya ƙi. Ayaba ya ƙi. Ya bar ni na yi masa wanka, na juya shi, amma ko gurnani bai yi min ba. Talata haka. Na ce, “Baba, jibi asibiti. Roba fa za su sa maka.” Ya rufe ido.

Laraba da safe na sayo ƙwai. Na juya sau takwas, na cire hannuna, ko da yake gudajin nan yana min ƙaiƙayi a ido. Na rage wuta. Na rufe, na tsaya ina kallon agogon bango da hannuwa a baya. Da na buɗe sun taso sun cika fuskar romon, sun ninka girma. Na ɗanɗana ɗaya a tsaye.

Na Inna ne. Sak.

Na kai masa. Ƙamshin ya sa ya juyo. Ya kalli kwanon, ya kalli hannun da ke riƙe da shi. Na raba curi ɗaya da cokali a gabansa, ya ga yadda ya buɗe ba gardama. Na ci rabi ya gani.

“Baba, mai taushi ne. Wallahi.”

Ya damƙe leɓensa.

Na fi rabin awa a kujerar. Romon ya huce. Na ga ƙashin wuyansa yadda ya fito, da agogon da ke zamewa har gwiwar hannu. Na tashi na ɗauki waya na kira Injiniya.

“Kana ina?”

“Kan tsani. Lafiya?”

“Ka zo ka ba shi abinci.”

Kafin awa ɗaya na ji motarsa. Baba ma ya ji, hannunsa ya tafi wuyan riga.

Na ɗumama romon a ƙaramar wuta na miƙa wa Injiniya a kicin. Ya matsa curi ɗaya da bayan cokali, ya ɗaga gira, ya buɗe baki zai yi magana.

“Kai dai kai masa,” na ce.

Daga bakin ƙofa na kalla. Baba ya ɗan yi jinkiri a cokalin farko, ya riƙe shi a baki, sannan na ga maƙogwaronsa ya motsa. Ya nemi na biyu. Na uku. Ya kama hannun rigar Injiniya ya riƙe, yana ci yana gyaɗa kai.

“Baba, ai wannan ba ni—”

Na girgiza masa kai. Ya gan ni. Ya sake cika cokalin.

Tara ya ci.

Na fita baranda na kira Yaya. Na ce ta gyara ɗakin kayan nan.

“Ban gane ba. Ba mun gama magana ba?”

“Daga hannuna ba zai ci ba.”

“Me ya faru?”

“Tambayi mijinki. In ya ƙi faɗa, ni zan faɗa miki, amma ba yau ba.”

Da la'asar na haɗa kayan. Magunguna a leda, na rubuta lokacin kowanne a jikin kwalinsa. Reza, fo, man shafawa, matasai uku, katin asibiti. Na nuna wa Injiniya yadda ake ɗaga shi: ka sa gwiwarka ta tare tasa ta hagu, ya rungumi wuyanka da hannun dama, kada ka ja shi ta hammata. Ya gwada sau biyu bai iya ba. Na ji wani ɗan sanyi a raina, ban hana kaina ba.

Ni na sauko da Baba daga benen a bayana, hawa biyu. Bai da nauyi. Numfashinsa na dukan kunnena, na yi ta jira ko zai ce wani abu. Maƙwabciyarmu mai ɗinki ta leƙo tana yi masa fatan sauƙi, ya ɗaga mata hannu.

Na zaunar da shi a gaban motar, na ɗaure masa bel, na ɗora hannun hagun a cinyarsa.

“Gobe ƙarfe takwas ne asibitin,” Injiniya ya ce ta taga. “In biyo in ɗauke ka? Likitar ba za ta gane bayanina ba.”

“Zan hau bas.”

Bakin rigar Baba ya leƙo waje. Na tura shi ciki, na rufe ƙofar.